Karta Tsakanin Azahar da La'asar

Azumi ya zagayo ya dawo cikin zafi. Hauwa 'yata ta ce sai ya yi shekara talatin da wani abu kafin ya komo inda ya baro. Ni ba sai an gaya mini ba. Ranar farko da na buɗe taga da hantsi, iskar teku ta bugo mini fuska kamar an buɗe tukunyar dambu, na ce to, na san wannan, mun taɓa haɗuwa.

Zan rubuta yadda bakina yake, don haka na iya. Sai da na haura sittin na koyi boko, bayan rasuwar Malam, a wajen wata 'yar Zariya da ke tara mu tsofaffi a ɗakinta. Wanda ya ga kuskure ya gyara a ransa.

Wancan azumin muna unguwar Mahjar a nan Jidda, a wani hosh, wato gidan haya mai tsakar gida ɗaya, ɗakuna sun kewaye shi, rufin kwano. Ni da Malam mun zo aikin hajji daga Bichi muka maƙale, kamar kowa. Shi yana dako a bakin teku, ni ina goyon Hauwa. Ba mu da iƙama, wato takardar izinin zama, ba mu da komai sai tabarma da risho da fanka ɗaya da ke juyo mana zafin da ta kwaso daga kwano.

Wanda bai zauna Jidda ba yana tsammani ya san zafi. Zafin gida yana busar da kai. Na nan ba ya busarwa, jiƙa ka yake. Ka yi wanka ka fito, kafin ka ɗaura zane ka koma yadda kake. Gishiri ya dunƙule a kwano, ashana ta ƙi kamawa, ƙurajen zafi su feso wa yara a wuya su yi ta kuka. Ga ƙishirwa. Yunwa ba ta dame mu ba sosai, ƙishirwa ce. Kafin azahar harshe ya zama kamar tsumma a baki.

Mu huɗu ne mata a hosh ɗin da muka haɗa kai. Akwai Kande, Bakatsiniya, mai sanyin hali, komai aka ce sai ta ce "to". Akwai Maryam, ita a nan aka haife ta, kakanta ne ya tako da ƙafa daga ƙasar Hausa, Hausarta rabi Larabci. Sai Zulai, 'yar Damagaram, doguwa, baƙa, bakinta ba ya hutawa. Da yake ni Bakanuwa ce, tun ranar da ta ji daga inda nake ta ce ta samu baiwa, ni ma na ce na samu tawa. Har yau ba mu sasanta wace ce baiwar wata ba.

Sana'armu kayan buɗa baki. Ƙosai da kunu muke yi wa lebura, Maryam ta ƙara da sambusa. Da asuba in maza sun fita sai mu zauna surfen wake, mu wanke, mu jiƙa. Zulai ta daka gero, don ita ce mai ƙarfi. Kande ta yanka albasa tana hawaye tana cewa wannan ruwan ma asara ne. Kafin rana ta take mun gama, mun rufe komai da jiƙaƙƙen buhu.

Duk wannan aikin ruwa yake ci, ruwa kuwa babu. Unguwarmu ba famfo. Motar ruwa ce ke zuwa, wayit muke ce mata, ta tsaya can bakin titi bayan la'asar, kowa ya fita da jarkarsa. A wancan azumin sai ta riƙa yin fashi. Yau ta zo, gobe shiru, jibi shiru. Ruwan da aka wanke wake da shi ake wanke kwanuka, a kuma yayyafa wa tsakar gida. Na sha yin alwala da abin da bai cika kofin shayi ba. Kuma fita layin ruwa ba wasa ba ne ga marar takarda, don masu kame sun san duk inda muka ɓuya dole ƙishirwa ta fito da mu.

To tsakanin azahar da la'asar ba abin da ake iya yi. Barci ba ya zuwa, magana tana busar da baki. A nan Maryam ta fito da karta. Ta 'yan'uwanta maza ce, ta tsufa, gefenta duk ya lanƙwashe. Ta koya mana balut, wasan mutanen nan. Mutum huɗu ake yi, biyu suna haɗa kai a kan biyu, abokiyarki tana zaune tana fuskantarki. Ba a yi da uku, ba a yi da biyar. Ni da Zulai, Kande da Maryam.

Masu cewa karta da azumi ba kyau, sun faɗa, na ji. Malam ma ya faɗa. Na ce masa ba kuɗi muke sawa ba, kuma da mu zauna muna cin naman maƙwabta gara mu ci juna. Ya juya bango.

Abin da muke sawa shi ne layin ruwa. Waɗanda aka ci su ne za su ɗauki jarkokin mu huɗu su je bakin titi. Saboda haka ba wasa muke ba. A zaure muke zama inda 'yar iska ke ratsawa, kartar tana manne wa yatsu don gumi, sai Maryam ta barbaɗa mata hodar jarirai. Har yau in na ji ƙamshin hodar nan sai maƙogwarona ya bushe.

Zulai ba ta iya wasa ba. Wannan gaskiya ce, ko a gabanta na faɗa. Ba ta riƙe abin da ya wuce, ba ta lissafi. Abin da ta iya shi ne maguɗi. In tana da ikka, wato babbar karta, sai ta sosa kunne. In ba ta da komai sai ta gyara ɗankwali ta yi tsaki.

Maryam ta ce, "Haram alaiki ya Zulai! Kina azumi kina wannan?"

"Kunnena ne, ko naki ne? Sauro ya cije ni."

"Sauron nan ba ya cizonki sai kina da ikka?"

"Sauron Jidda ne, yana son masu arziki. Ke baiwata, jefo mana, kin zauna kamar an dasa ki."

Kande ta ce, "To."

Mu yi ta dariya ba sauti, don ba yawun da za a yi ta da shi. Haka rana take karyewa ba mu sani ba, sai mu ji kiran la'asar. A tashi a hura wuta, mai ya hau tafasa, hayaƙi ya cika hosh, waɗanda aka ci su kwashi jarkoki suna zagin waɗanda suka ci.

Ana cikin goman ƙarshe aka ci mu. Wayit ta kwana biyu ba ta zo ba, ranar da ta zo duk unguwa ta fito. Ni da Zulai muka shiga layi, Hauwa a bayana. Ƙasa tana ƙona ƙafa ta cikin silifas. Da aka cika mana biyu na farko Zulai ta ɗora mini ɗaya a ka ta ce, "Kai wannan su Kande su fara dama kunu, ki sauke yarinyar nan kafin ta dahu. Ina nan ina tsare sauran."

Na kai, na sauke Hauwa, na dawo. Tun daga nesa na ga ba hayaniya. Wayit ta tafi. Jarkoki na nan a jere cikin layi kamar yadda aka ajiye su, shuɗi da fari da rawaya, ba mutum ko ɗaya a kansu. Namu uku suna ciki, ɗaya cike, an ma rufe bakinta. Wani Bayamane mai shago ya leƙo ya yi mini alama da hannu in koma. Motar kame ce ta zo ta kwashe layin gaba ɗaya.

Na ɗauki mai ruwan na koma gida. Me zan yi? Akwai mutane suna jiran kunu.

Mijin Zulai ya yi ta zirga-zirga, ba a dace ba. Bayan salla aka sa ta jirgi, shi ma daga baya ya bi ta. Ragowar azumin nan mu uku muka yi ta zama a zaure tsakanin azahar da la'asar, ba karta, don ba a yi da uku. Wata sabuwar 'yar haya ta ce a koya mata, Maryam ta ce kartar ta ɓata. Ba ta ɓata ba. Muka koma jin ƙishirwarmu ɗanya, kowa ta jingina da bango tana kallon inuwa tana matsawa.

Shekaru suka yi ta tafiya. Da farko kaset muke aika wa juna ta hannun alhazai, ta cika fuska ɗaya da zagina, ɗayar da kuka. Kande ta koma Katsina da mijinta ya rasu. Maryam ta bi ɗanta Madina. Mu muka samu takarda daga baya, Hauwa ta yi karatu, ta samu aiki a wani asibitin kuɗi. Yanzu muna unguwar Kurayyat, a bene hawa na uku. Ruwa a famfo, mukayyif yana hura sanyi har sai na rufa da bargo. Hauwa ta fita da safe, sai dab da magariba. Maƙwabciyata ta ƙofar da ke kallon tamu, na san takalmanta, ban san sunanta ba.

Bara Hauwa ta shigo da labari. Wai abokan aikinta maza suna buɗe ɗaki a kwamfuta, su kulle shi, ba mai shiga sai wanda suka ba kalmar buɗewa, su yi ta wani wasan karta da ake ce wa foka, kowa yana gidansa.

Na ce, "Caca? A gidana?"

"La ya Ummi, babu fulus, ba a sa kuɗi. Kuma ba shi nake nufi ba, akwai balut a ciki. Kujera huɗu. Ke za ki buɗe, ke ce mai ɗaki."

Can na ce, "Har Damagaram yana kaiwa?"

Wata guda ta yi tana waya tana haɗa abin. Ɗan Kande yana da kwamfuta a gida. Maryam nata ba wuya. Zulai kuwa akwai mai shagon kwamfuta a bakin layinsu, ya yarda ya riƙa ajiye mata kujera yana nuna mata inda za ta danna. Ranar farko da sunaye huɗu suka bayyana a kan koren tebur, ni Uwani, Zulai a gabana, Kande da Maryam a gefe, sai da na cire tabarau na goge. Muka haɗa da waya ranar, kowa na ihu. Zulai ta ce, "Ina ake sosa kunne a cikin abin nan?" Aka ci mu mummunan ci.

Daga nan kullum in na idar da azahar sai in buɗe ɗaki in zauna jira. Wani lokaci su zo, wani lokaci Kande ba wuta, wani lokaci Zulai ta makara. A gefen tebur akwai wurin rubutu. Da yatsa ɗaya nake bugawa, kafin in gama zagi ɗaya an raba wata kartar. Ba mai ba ni amsa. Zulai ba ta karatu, sai in mai shago ya ga dama ya karanta mata. Maryam Larabci kawai take gane wa. Kande kuwa ko da baki ma "to" ce. Bai dame ni ba. Na san suna nan.

Da azumin bana ya kama sai abin ya gyaru yadda ban taɓa gani ba. In na buɗe, in ɗan jira kaɗan, sai su uku su faɗo lokaci ɗaya. Ba fashi. Har na ce wa Hauwa ashe an gyara wuta a Katsina. Ta ce, "Haka ne, ya Ummi," tana kallon tukunya.

Zulai kuma ta iya wasa. Ba ta jinkiri, ba ta mantuwa, duk abin da nake bukata shi take jefowa. Muka yi ta cin su Kande. Na rubuta mata, ke baiwata tsufa ya gyara ki. Na rubuta mata cewa zafin bana irin na Mahjar ne. Na ba ta labarin gwiwata, da mafarkin Malam da na yi, da yadda gidan nan yake yin shiru har in ji firji yana numfashi. Abubuwan da ban gaya wa Hauwa ba na rubuta su a wurin nan, harafi ɗaya bayan ɗaya. Ban kira kowa a waya ba duk azumin. Me zan kira in ce, kullum muna tare?

Ranar Talatar da ta wuce da hantsi waya ta yi ƙara.

"Uwani? To, kina da rai ashe."

"Ke kuma lafiya? Mu da muka rabu jiya?"

"Jiya a ina? A mafarki?"

"A tebur mana. Wa ya jefo ikkar nan ta ƙarshe in ba ke ba?"

Ina jin akuya tana kuka a bayanta.

"Uwani, ni rabona da shagon nan tun kafin a ga wata. Ido ya tafi. Farar yana ce ta rufe shi, lokotoro ya ce sai an kankare. Ja da baƙi duk ɗaya nake gani. Na aika a gaya wa 'yarki. Ina ta jira ki kira ki yi mini sannu, shiru. Na ce to, Bakanuwa ta samu sanyin bene ta manta da uwargijiyarta."

Na ce, "To da wa nake wasa?"

"Ni kike tambaya?"

Ranar ban buɗe ɗaki ba. Na zauna a kujera har Hauwa ta dawo. Ko abaya ba ta cire ba na ce ta zo nan.

Ba ta yi musu ba. Ta durƙusa ta kama gwiwata. Ta ce Maryam ta aiko cewa azumi a masallaci za ta yi shi, sai bayan salla. Kwamfutar ɗan Kande ta lalace. Ga na Zulai. Duk a mako ɗaya.

"Ranar farko na dawo na same ki a gaban tebur ba kowa, ya Ummi. Tun azahar kina zaune, ko girki ba ki ɗora ba. Akwai wani wuri da ake dannawa, in mutum bai zo ba na'ura ta zauna masa da sunansa. Na ce kwana biyu ne kawai. Samihini, ki yafe mini."

"Rubutun da nake yi fa? Wa ke karantawa?"

"Ba kowa."

"Ke ma ba ki karanta ba?"

"Wallahi ban karanta ba."

Ban san wanne ya fi mini ciwo ba, a ce ta karanta ko da ba ta karanta ɗin ba. Na ce ta tashi ta zuba mana abinci, an kusa kira. Ban yi mata faɗa ba. Ni na haife ta, na san a inda ta koyo rufa-rufa don tausayi.

Washegari ni na kira Zulai. Na gaya mata komai. Ta yi dariya har da tari, sai da na ji wata tana ce mata Inna a hankali.

"Wato azumi guda kina zagin ƙarfe!"

"Na sa Hauwa ta cire sunayenku yau. Ba na son ƙarya a ɗakina."

"Cire na su Kande. Nawa bar shi."

"Don me?"

"Tana ci?"

"Wa?"

"Ni ɗin ta ciki. Tana ci?"

"Kullum."

"To ki bar ta mana. Shekara nawa kina ce mini ban iya ba? Yanzu da na iya za ki kore ni?" Sai muryarta ta sauka. "Nan ma ba kowa, Uwani. Suna fita su bar ni da rediyo. In na ji an yi sha ɗaya a nan sai in ce can wajenku yanzu ta idar da azahar, yanzu ta buɗe. Ki bar ni in san ina zaune a wani wuri."

Na ce to. Na ce in an kankare idon ta dawo ta karɓi kujerarta, don wannan ta cika ladabi, ba ta da daɗin zama. Ta ce in Allah ya yarda. Daga yadda ta faɗa na san ba ta sa rai ba, ni ma ban matsa ba.

Jiya na idar da azahar na buɗe. Hauwa ta gyara yadda na ce. Dama da hagu an rubuta Baƙo, Baƙo. A gabana Zulai. Ban rubuta komai a gefe ba. Aka raba, muka fara, wasa ya yi zafi, su baƙin nan ba su da sauƙi. Saura hannu ɗaya, ba ni da abin kirki, na riga na sallama. Sai ga ta ta sako daidai kartar da za ta fitar da mu. Muka cinye.

Ban san lokacin da na ce "Yauwa 'yar gari!" na miƙa hannu mu tafa ba. Hannun ya tsaya a iska, sanyin mukayyif yana bugun tafina. Na ɗan bar shi a nan kafin in sauke.